Na'urar auna faɗuwar ƙwallo: ta ci kuɗinta, amma sai an liƙa mata salatif

Malaman fiziks da dama a nan Sakkwato sun tambaye ni labarin na'urar auna lokacin faɗuwa da makarantarmu ta saya, wasu ta waya, wasu a wurin duba takardun jarrabawa. Amsata ita ce duk makarantar da ke da hali ta saya. Sai dai kada a kai ta gaban ɗalibai ranar da aka buɗe kwalinta, domin yadda take fitowa daga shago ƙarya take yi, kuma irin ƙaryar da ɗalibi ya fi son ji.

Ga wanda bai taɓa ganinta ba, sandar ƙarfe ce a tsaye kan gindi mai ƙafa uku, an manna mata ma'aunin santimita daga ƙasa zuwa sama. A samanta akwai maganaɗisun lantarki wanda ke riƙe ƙwallon ƙarfe muddin wuta na bi ta cikinsa, kuma ana kwance notinsa a ɗaga shi ko a sauke shi zuwa tsayin da ake so. A ƙasa akwai ɗan faranti mai buɗewa. Da ka danna makunni wuta za ta yanke, ƙwallo ya sako, agogo ya fara ƙirge. Da ƙwallo ya doki farantin, agogo ya tsaya. Agogon akwati ne dabam mai lambobi ja, yana nuna har kashi ɗaya cikin dubu na sakan. Ƙwallaye biyu suka zo da ita, ƙarami mai kaurin milimita 12, babba mai 19. A ma'aunin ɗakin gwajinmu ƙaramin giram 7 ne, babban giram 28, wato ya ninka shi huɗu. A jikin kwalin an rubuta cewa a Indiya aka ƙera ta.

A wani shagon kayan ɗakin gwaji da ke cikin gari muka saye ta. Ba a ajiye take ba, sai da Alhajin ya yi odarta daga Legas, ta kuma iso a lokacin da ya ce za ta iso, abin da ba kullum ake samu ba. Kuɗinta ba kaɗan ba ne. Da shugaban makaranta ya ga takardar farashi sai da ya cire tabarau ya dube ni ya ce, "Malam, wanga kuɗi ai sun sayi agogon dannawa na aji guda." Na ce, "Ranka ya daɗe, sun saya, amma ko agogo ɗari ka ba ni ba za su yi aikin ba." Gaskiya ce ya faɗa, ni ma gaskiya na faɗa, kuma dalilina shi ne dalilin sayen na'urar gaba ɗaya.

Abin da aka sake daga tsayin mita 1 yana isa ƙasa cikin sakan 0.45. Ɗan Adam kuwa, tsakanin ido ya gani da yatsa ya danna, yana cin kusan sakan 0.2. Kowa na iya gwada wannan da rula: wani ya riƙe ta a tsaye, kai ka buɗe yatsu a ƙasanta, ya saki ba sanarwa, ka cafke. Mafi yawan mutane sai ta zarce santimita 15 zuwa 20 kafin su kama. To mai irin wannan hannu ne za ka ba agogo ka ce ya auna abin da bai kai rabin sakan ba? Shekaru ina yin haka da ɗalibai. Wannan ya ce 0.3, wancan ya ce 0.7, mai wayon cikinsu ya leƙa littafi ya rubuta 0.45 ya zauna. Daga ƙarshe mu koma kan lilon zare da dalma, wanda jarrabawar WAEC da NECO ke yawan kawowa a firaktikal, tun da shi ana ƙirga kaiwa da komowa ashirin a raba, kuskuren yatsa ya narke a ciki. Lilo yana ba da g mai kyau, wato gudun da jan ƙasa ke ƙara wa abu mai faɗuwa a kowane sakan, amma yaro bai ga komai ya faɗi ba.

Abin da nake so yaro ya gani da idonsa guda ɗaya ne. Idan ka tambayi aji, "Abu ya faɗo daga santimita 40 cikin sakan 0.29, daga santimita 80 fa?" kusan duka za su ce 0.58. Har wanda ya haddace h = ½gt² (h tsayi, t lokaci) haka zai ce, domin haddar tana wani ɗaki, hankalin yana wani. Na'urar nan sai ta nuna 0.40 da 'yan kai. Ranar da na fara yi wa 'yan aji biyu na babbar sakandare, wata yarinya da ke zama a gaba ta ce, "Malam, mi yas sa bai ninka ba? Ko agogon ya lalace?" Na ce ta zo ta danna da kanta. Ta danna, ta sake dannawa, lamba ba ta canza ba. Sai na sauke maganaɗisun zuwa santimita 20, aka samu 0.20. Nan aji ya ga cewa sai an ninka tsayi sau huɗu kafin lokaci ya ninka sau biyu, sau tara kafin ya ninka sau uku. Dalili kuwa shi ne ƙwallon ba da gudu ɗaya yake tafiya ba. Kowane sakan jan ƙasa yana ƙara masa gudun kusan mita 9.8 a sakan, saboda haka rabin hanya na biyu da gudunsa yake shigarsa, ya wuce shi da wuri. Daga santimita 80, rabin farko yana cin sakan 0.29, rabi na biyu 0.12 kacal.

Tsayin da na fi so a jera su ne santimita 5, 20, 45, 80 da 125. Lokutansu suna fitowa 0.10, 0.20, 0.30, 0.40, 0.51, kamar an tsara. Ka sa yara su fara daga sifili su cire kowane tsayi daga na gaba da shi, za su samu 5, 15, 25, 35, 45, in an raba da biyar ya zama 1, 3, 5, 7, 9. Wannan jerin shi ne masanin Italiya Galileo ya rubuta a littafinsa na 1638, kuma ba shi da agogon lantarki. Katako mai kwarmi ya jingina, ya gangaro da ƙwallon tagulla a kai don faɗuwar ta yi sanyi, ya riƙa tarar ruwan da ke zuba ta siririn bututu yana auna nauyinsa a matsayin lokaci. Labarin da ake yawan bayarwa cewa ya hau hasumiyar Pisa ya sako ƙwallaye daga wurin ɗalibinsa Viviani ya fito, kuma masana tarihi da yawa ba su gamsu da shi ba. Na katakon shi ne ya rubuta da hannunsa.

Yanzu ga ƙaryar.

Da muka haɗa ta yadda takardar bayani ta ce, muka sako babban ƙwallo daga mita 1, agogo ya nuna 0.462. Muka sako ƙaramin daga wuri ɗaya, ya nuna 0.476. An maimaita, haka dai: kullum babba yana riga ƙarami. Ka duba abin da wannan ke nufi ga malamin da ya gama rantse wa aji cewa nauyi ba ruwansa da lokacin faɗuwa. Tun zamanin Aristotle, masanin tsohuwar Girka, mutane ke cewa mai nauyi ya fi saurin faɗuwa, haka kuma kowane yaro ke zuwa aji da shi a kansa, sai ga na'ura mai tsada, mai lamba uku bayan ɗigo, tana mara musu baya. Da a gaban ɗalibai aka yi, da sai an shekara ana wanke wannan daga kawunansu.

Ba iska ba ce. A tsayin mita 1, iska ba ta da abin da za ta yi wa ƙwallon ƙarfe da har agogo zai gani haka. Laifin na maganaɗisun ne. Idan an yanke masa wuta, ƙarfen da ke cikinsa ba ya sakin ƙarfinsa nan take, akwai ɗan saura da ke riƙe ƙwallon na wani ɗan lokaci, alhali agogo ya riga ya fara ƙirge. Kamar baƙon da ya yi sallama ya tsaya a zaure yana ƙara hira, kai kuwa tuni ka fara lissafin ya kama hanya. Babban ƙwallo nauyinsa na fizge shi da wuri, ƙaramin ya fi daɗewa a maƙale. A tamu na'urar jinkirin babban ya kai kusan sakan 0.010, na ƙaramin ya haura 0.020.

Wani zai ce kashi ɗaya cikin ɗari na sakan mene ne. A lissafin g lokaci ana ninka shi da kansa, don haka kuskurensa ma ninkuwa yake. Daga mita 1, lamba 0.462 tana ba da g = 9.37. Daga santimita 20 kuwa, inda babban ƙwallo ya nuna 0.212, g ta faɗo 8.9. Wato jinkirin bai canza ba, amma ɓarnarsa ta fi yawa a gajeren tsayi, tun da can lokacin duka ɗan kaɗan ne. Yaron da ya ga haka zai ce ashe jan ƙasa ya fi rauni kusa da ƙasa, ƙarya ta biyu ke nan ta hau kan ta farko.

Maganin bai kai kuɗin ruwan leda ba. Ka liƙa salatif, falle biyu ko uku, a bakin maganaɗisun, yadda ƙwallo ba zai taɓa ƙarfen kai tsaye ba. Sannan ka rage wutar har sai ta kai iyakar abin da zai riƙe ƙwallon kawai, in ka ɗan buga tebur ya faɗo. Da muka yi haka, babba da ƙarami duka suka koma tsakanin 0.453 da 0.455 daga mita 1. Lissafi yana cewa 0.452. Wannan ya ishe ni. Takardar bayanin, wadda shafi ɗaya ce da Turanci mai karkace-karkace, ko kalma ɗaya ba ta ce a kan wannan ba, kuma shi ne babban abin da nake riƙe da shi a kan masu ƙera ta. Sun san maganaɗisu na yin haka, duk mai ƙera irin wannan ya sani.

Na koma shagon na gaya wa Alhajin, don kada wata makaranta ta faɗa ciki. Ya saurare ni da kyau, ya ce, "Malam, mu saidawa mukai, ku ka sanin aikinta." Bai yi gardama ba, ya kuma sa yaronsa ya rubuta abin da na faɗa a bayan wani rasit ya soke a ƙusa. Ban sa ran fiye da haka ba. Shago ne da ke sayar da kwalaben gwaji da sinadarai da allon zane da kayan asibiti duka a wuri ɗaya, ba mai iya gwada maka na'ura a cikinsu. In za ka saya, kai ne za ka je da batir ɗinka ka haɗa a gabansu kafin ka biya cikon kuɗi.

Ga malamin da ke da 'yan aji uku masu ƙwazo, jinkirin nan kansa darasi ne, har wani lokaci nakan ɓare salatif ɗin da gangan. A auna lokaci a tsayi biyar ko shida, a zana giraf na t a tsaye, tushen h a kwance, wato lambar da in an ninka ta da kanta za ta ba da h. Layi miƙaƙƙe zai fito, amma ba zai bi ta sifili ba, zai yanki layin tsaye a ɗan sama kaɗan. Inda ya yanka, nan ne jinkirin maganaɗisun, a rubuce. Gangaren layin kuwa bai san da wani jinkiri ba, zai ba ka g mai kyau ko da salatif ko babu. Yaran da suka yi wannan sun samu tsakanin 9.7 da 9.8.

A nan ne wani yaro ya tambaye ni wace ce gaskiya, 10 da ake cewa a ɗauka a takardar jarrabawa, ko 9.8 ta littafi. Goma dai sauƙin lissafi ce. Ita kuma 9.8 matsakaiciya ce, domin g ba ɗaya ba ce a ko'ina a duniya. A tsakiyar duniya, kan layin da ya raba ta biyu, kusan 9.78 ce, a can ƙuryar arewa da ta kudu ta kai 9.83, saboda juyawar duniya da kuma kasancewarta ta ɗan kumbura a tsakiya. Sakkwato tana kan digiri 13 ne arewa da layin, saboda haka tamu tana wajen 9.78. Na'urar nan ba ta da kaifin da za ta raba 9.78 da 9.81, kada wani ya yi wa ɗalibai alkawarin haka. Bambancin a tsayin mita 1 bai kai kashi ɗaya cikin dubu na sakan ba.

Sauran matsalolinta ƙanana ne, amma suna cin rai. Farantin ƙasa yana da tauri, ƙaramin ƙwallo daga santimita 5 wani lokaci sai ya doke shi ya ƙi buɗewa, agogo ya yi ta gudu. A gajeren tsayi babban kawai nake amfani da shi. Ba ta zo da zaren saiti ba, kuma daɓen ɗakin gwajinmu ba a miƙe yake ba, sai na rataya zare da noti daga bakin maganaɗisun, irin yadda magina ke yi, na juya ƙafafun har notin ya tsaya daidai tsakiyar farantin. Ba ta zo da abin tarar ƙwallo ba. Ƙwallon da ya faɗo daga mita 1 yana gudun mita 4.4 a sakan, ya doki siminti ya yi tsalle ya shige ƙarƙashin kabad. Gwangwanin madara da yashi a ciki ya raba wannan gardama. In kuma ƙwallo ya ɓace, kada a wahalar da kai zuwa shago, ƙwayar boris ce, kowane bakanike na da ita a cikin tarkacensa, ka dai wanke mata giris.

A kula da awon tsayi. Daga ƙasan ƙwallo ake aunawa zuwa saman faranti, ba daga bakin maganaɗisu ba. Ma'aunin da aka manna a sandar bai yi la'akari da wannan ba. Babban ƙwallo kaurinsa ya kusa santimita 2, a tsayin santimita 20 kashi goma cikin ɗari ke nan. Ni na daina kallon ma'aunin sandar, rular mita nake sawa.

Sai yanayinmu. Lokacin hunturu ƙura tana shiga inda farantin ke haɗuwa da waya, agogo ya ƙi tashi ko ya tsaya tun kafin a saki ƙwallo. Ɗan auduga da sifirit yana gyarawa, kuma in an gama a rufe ta da buhu. A watan Afrilu, da zafi ke haura digiri 40, maganaɗisun yana ɗaukar zafi sosai in aka bar shi a kunne ana dogon bayani, har salatif ɗin ya fara saki. A kashe shi tsakanin gwaji da gwaji. Zancen wuta kuwa, agogon da filogin bango ya zo, kuma kowa ya san ba a tsara darasi da dogaro ga wutar gari. Mun ci sa'a yana karɓar bolt 12, sai wani mai gyaran rediyo ya yi mana waya zuwa batir ɗin babur. Ka duba wannan kafin ka saya, don na ji akwai waɗanda wutar bango kaɗai suke ci.

Wanda makarantarsa ba ta da kuɗin, akwai wata hanya. Manhajar phyphox, wadda jami'ar Aachen ta Jamus ta fitar kyauta, tana da agogon da ƙara ke tayarwa, ƙara ta tsayar. Ka ɗora noti a bakin rula, ka doke rular da ƙarfi ta kauce, ƙarar dukan ta tayar da agogo, ƙarar faɗuwar notin a kan faranti ta tsayar da shi. Na gwada a gida da dare, lambobin sun yi kyau ƙwarai. A aji mai yara sittin, da tarin wani da jan kujerar wani, sai an yi da gaske kafin a samu shirun da take buƙata, ga shi makarantu da yawa sun hana ɗalibai riƙe waya. Don aikin gida na fi ba da ita.

Abin da na'urar ta yi wa ajina wanda ban zata ba shi ne tambayoyin da suka biyo baya. Wani ya kawo zancen rijiyar ƙauyensu ta wajen Gwadabawa, ya ce in an jefa tsakuwa sai an ƙirga biyu kafin a ji ƙarar ruwa. Muka lissafa a allo: sakan 2 mita 19.6 ne, amma ƙarar ma sai ta hau daga ƙasa da gudun wajen mita 350 a sakan, in an cire nata lokacin zurfin ya koma kusan mita 18 da rabi. Na dai ce masa kada ya je ya cika wa mutane rijiya da duwatsu ya ce ni na aike shi. Wani kuma, wanda babansa magini ne, ya tambayi faɗowa daga saman bene. Mita 5 sakan ɗaya ne kacal, mutum kuma zai iso ƙasa da gudun kusan kilomita 36 a awa. Yaron bai sake cewa komai ba sai da aka tashi. Wanda ya tambayi abin da ya sa takarda da gashin kaza ke faɗuwa a hankali kuwa, na nuna masa hoton bidiyon David Scott na kumbon Apollo 15, wanda a 1971 ya saki guduma da gashin shaho a kan wata suka sauka tare, tun da can babu iska. Ya lura da kansa cewa sun daɗe kafin su sauka. Jan wata 1.62 ne, kusan kashi ɗaya cikin shida na namu, saboda haka abin da zai ci sakan 0.57 a nan sai ya ci 1.4 a can.

Ƙorafina na ƙarshe shi ne tsawon sandar. Iyakar inda maganaɗisun ke kaiwa santimita 120 ne, wato saura biyar a kai 125, tsayi na biyar a jerin da na faɗa. Duk wanda ya yanke wannan tsawo bai taɓa koyar da darasin ba. Na kai ta wurin mai walda a Mabera ya ƙara mata bututun ƙarfe na mita ɗaya da noti biyu, yadda za a iya cirewa, mai gyaran rediyon kuma ya ƙara tsawon wayoyin. Da ƙarin sai an ɗora bulo a kan gindin, in ba haka ba tana rawa. Yanzu muna samun 125, muna samun 180, inda agogo ke nuna 0.608, lissafi yana cewa 0.607. Na gaba a jerin santimita 245 ne, kuma a ɗakinmu nan fanka take.